Ɗan Sunuka na Ƙasan Jeri

Wanda duk ya taɓa kallon gasar sunuka ta duniya, wadda ake yi a zauren Crucible na birnin Sheffield a Ingila tun shekarar 1977, la'alla ya zaci ma'abota wannan sana'a duka a cikin ni'ima suke, musamman idan ya ji cewa zakaran gasar fam 500,000 yake tafiya da shi gida. Alhali kuwa daga cikin 'yan wasa 128 da ke riƙe da takardar izinin ƙwararru, galibinsu ba a san fuskarsu ba, kuma rayuwarsu tana rataye ne a kan hisabi mai tsanani.

Asalin tsananin yana cikin yadda ake jera darajoji. Da kuɗin da mutum ya ci a cikin shekara biyu ake auna matsayinsa, izinin ma na shekara biyu ne, wanda kuwa wa'adinsa ya cika bai shiga cikin 64 na sama ba, to, in ba wata ƙofa ta buɗe masa ba, sai ya koma jarrabawar da ake kira Q School, ya yi gumurzu da matasa masu zafin nama. Ga kuɗin mota da na masauki duk a wuyansa, ga shi kuma a gasanni da dama wanda aka fitar a zagayen farko ko kwabo ba ya samu.

Dubi halin ɗan ƙasan jeri a wasan share fage. Ya sa 'yar shara, ya ɗaura ɗan zaren wuya bisa ƙa'ida, ya goga alli a kan sandarsa, ya auna jar ƙwallo guda daga cikin goma sha biyar ɗin da ke kan teburi, sai ta gogi bakin rami ta ƙi faɗawa. Daga nan ba shi da wata dabara face ya koma kujerarsa ya zuba ido, abokin karawarsa yana kwashe ƙwallaye ɗaya bayan ɗaya, domin wannan wasa bai halatta wa wanda ke zaune ya kare kansa ba. Ni a ganina wannan zama ya fi kowane ɓangare na sana'ar buƙatar haƙuri, tun da mutum yana ganin kuɗin hayarsa na zurarewa, ladabi kuma ya wajabta masa ya yi shiru.

Kada a ce rashin gwaninta ne. Jordan Brown, mutumin Antrim a Ailan ta Arewa, ya shiga sahun ƙwararru a 2009, ya faɗo, ya yi shekaru yana aiki a gidan mai, sa'an nan ya dawo a 2018. A 2021 kuwa, yana na 81 a duniya, ya doke fitaccen gwani Ronnie O'Sullivan da ci 9 da 8 a wasan ƙarshe na Welsh Open, ya karɓi fam 70,000. Hakika tazarar hannu tsakanin na sama da na ƙasa kaɗan ce, tazarar arziki ce mai yawa.

Inda talauci ya daɗe kuwa, fitina takan sami mashiga. A 2023 an hukunta 'yan wasa goma na ƙasar Sin saboda laifuffukan da suka shafi sayar da wasa da caca, aka haramta wa Liang Wenbo da Li Hang sana'ar har abada. Ha'inci ba shi da uzuri, amma wajibi ne mahukunta su dubi ƙuncin da masu caca ke fakewa da shi su yaudari yaro baƙo wanda aljihunsa ya bushe. Tun 2022 hukumar World Snooker Tour ta lamunce wa kowane ƙwararre fam 20,000 a shekara, ana cire shi daga abin da ya ci a gasa. Kuɗin ya rage raɗaɗi, ko da yake a tsadar Ingila, bayan an biya tafiye-tafiye, abin da zai saura da ƙyar ya riƙe mai iyali.