Daga Gulbin Rima Zuwa Teku: Littattafan Da 'Ya'yan Gobir Ke Buƙata

Mutumin Sabon Birni ko Isa da ke kwana da ido ɗaya a buɗe saboda 'yan bindiga, wanda gonarsa ta nesa ta gagare shi zuwa, yana da hujja in ya ji ana maganar kare teku ya ce wannan zancen masu ƙoshi ne. Tsakaninsa da gaɓar teku a Legas tafiya ce ta fiye da kilomita 1,000 a mota, kuma da yawa daga cikinmu za su gama rayuwarsu ba su taɓa ganinta ba. Duk da haka ina roƙon mai karatu ya ba ni aron kunnensa, domin gero da wake da albasar da muke nomawa suna da alaƙa da teku fiye da yadda aka gaya mana, kuma rashin littattafan da za su bayyana wa yaranmu wannan da Hausa asara ce da za mu iya gyarawa da hannunmu.

Mu fara da damina. Kowane manomi ya san hadari daga gabas yake tasowa, amma danshin da ke cikin hadarin nan daga kudu maso yamma yake zuwa. Idan bazara ta yi tsanani ƙasa ta ɗauki zafi, iskar hunturu ta janye, sai wata iska mai laima ta taso daga Tekun Atalantika ta ratso kurmi har ta iso mu. Ita ce ke ba mu watanni uku zuwa huɗu na ruwan sama. A shekarun baya an yi ta ɗora laifin farin 1973 da na 1984 kacokan a kan talakan Sahel, wai shi ya sare itatuwa, dabbobinsa suka cinye ciyawa. A 2003 wata masaniya mai suna Alessandra Giannini ta Jami'ar Kolombiya ta Amurka da abokan aikinta suka wallafa binciken da ya nuna cewa sauyin ɗumin ruwan tekuna shi ne babban abin da ya janyo waɗancan shekaru na fari. Sare itace yana da nasa laifin, babu musu. Amma tsohon da ya ga shanunsa sun mutu a 1984 ya cancanci ya san cewa abin da ya same shi ya faro ne daga ruwan da bai taɓa gani ba.

Sai kuma hanyar komawa. Kogunan Bunsuru da Gagare suna gangarowa daga ƙasashen Katsina da Zamfara su zuba a Rima. Gulbin Maraɗi ya taso daga ƙasar Katsina, ya shiga Nijar ya ratsa Maraɗi da Tsibiri, ya dawo ya sadu da Rima. Rima ta wuce kufan Alƙalawa, ta taru a madatsar Goronyo, ta haɗu da Gulbin Sakkwato, su bi ta Argungu da Birnin Kabi su faɗa Kwara. Daga nan sai Kainji, Jabba, Lakwaja, har bakin teku. Wato ruwan da ya taso daga can ya sauka a gonakinmu, abin da ya rage ya koma gida ɗauke da duk abin da muka zuba masa.

Me muke zuba masa? A je bayan kowace kasuwa bayan an watse a gani: baƙar leda, ledar fiya-wata, robobin lemo, kwalaben maganin feshi da aka gama da su aka yar a bakin fadama. A 2017 wasu masana a Jamus, ƙarƙashin Christian Schmidt, suka lissafa manyan koguna 10 da suke ganin sun fi kai tarkacen roba teku, kuma biyu daga cikinsu na Afirka ne: Nilu da Kwara. Wani bincike na 2021 ya zo ya ce nauyin ya rarrabu a kan koguna fiye da 1,000, ƙananan kogunan da ke ratsa biranen gaɓar teku ma sun fi laifi. Gaskiya ne ba kowace ledar da aka yar a Isa ce za ta kai teku ba. Madatsun Goronyo da Kainji da Jabba suna tare da yawa, wasu kuma yashi ya binne su. Sai dai wannan ba abin farin ciki ba ne, domin ma'anarsa ita ce wadda ba ta tafi ba tana nan tare da mu. Mahauta sun san yawan ledar da suke fitarwa daga tumbin akuya da saniya. Mai dabba ya san yadda take ramewa tana ci ba ta ƙiba. Kwalbatin da leda ta toshe shi ke mayar da ruwa cikin gidaje, a ƙasar da har yanzu ba ta manta ambaliyar Goronyo ta watan Satumbar 2010 ba.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne abin da ake yi wa kifi. Akwai masu zuba guba irin su Gamalin a tafki don su kwashe kifi a rana ɗaya, akwai masu mayar da gidan sauro koma, su ɗebe har 'ya'yan tarwaɗa da na karfasa da ba su kai ɗan yatsa ba. Wannan shi ne ainihin abin da manyan jiragen kamun kifi na ƙasashen waje ke yi a gaɓar Afirka ta Yamma, girman ɓarnar ne kawai ya bambanta. Kakanninmu ba su yarda da haka ba. Sarkin ruwa yana da ikon rufe wuri ya hana su har lokacinsa ya yi, kuma a kan wannan ƙa'ida bikin kamun kifi na Argungu ya tsaya tun 1934: ana barin kogin Matan Fada ya huta, shi ya sa ake samun giwan ruwa mai girma ranar biki. A 2016 hukumar UNESCO ta sa bikin cikin jerin al'adun duniya da ya kamata a adana. Abin da masana teku ke kira a yau a yi, na keɓe wasu yankuna a bar kifi ya hayayyafa, masuntanmu sun daɗe da saninsa.

To ina littattafai suka shigo? Sun shigo ne domin a ƙasashen da aka farka, littafi ne ya tashe su. Rachel Carson, wata masaniyar halittun ruwa a Amurka, ta fitar da The Sea Around Us a 1951, ta bayyana teku da harshen da mai sayar da kaya a kanti zai fahimta, jama'a suka yi rububin sayensa. A 1962 ta fitar da Silent Spring a kan yadda magungunan kashe ƙwari ke bin ruwa su kashe kifi da tsuntsaye, kuma shekara 10 bayan haka Amurka ta hana amfani da maganin ƙwari na DDT a gonaki. Wangari Maathai ta Kenya, wadda ta kafa ƙungiyar mata masu dashen itatuwa a 1977 ta kuma karɓi kyautar Nobel a 2004, ta rubuta tarihin rayuwarta a Unbowed; duka da ɗauri ba su sa ta daina ba. Helon Habila, ɗan Kaltungo ta jihar Gwambe, ya rubuta Oil on Water a 2010 a kan yadda mai ya gurɓata ruwan Neja-Delta, wato daidai inda ruwan Rima ke ƙarewa. Ɗan arewa ne ya ga cewa kukan masuncin can ya shafe shi.

Amma littafin da na fi so a fara mayarwa Hausa labarin maƙwabtanmu ne na jini. Tony Rinaudo, wani malamin gona ɗan Ostareliya, ya zo Maraɗi a farkon shekarun 1980 yana dashen itatuwa suna mutuwa. A 1983 ya lura cewa 'yan tsirran da manoma ke sassabewa duk shekara ba ciyawa ba ce, toho ne daga kututturan itatuwan da aka sare, saiwarsu tana raye a ƙasa. Sai aka fara zaɓen toho mai ƙarfi a bar shi, a rage sauran. Manoman Maraɗi da Damagaram, cikinsu har da Gobirawan Tsibiri da Gidan Runji, su suka ɗauki abin suka yaɗa shi gona zuwa gona, har aka ƙiyasta an farfaɗo da itatuwa kusan miliyan 200 a kan fili mai faɗin hekta miliyan 5 a Nijar, gawo da sauransu. Rinaudo ya ba da labarin a littafinsa The Forest Underground. Hausawa ne suka yi aikin, da Hausa suka yi shawarwarinsu a gindin itace, amma jikokinsu sai sun iya Turanci kafin su karanta labarin. Wannan bai dace ba. Kuma itacen da ya tsaya a gona yana riƙe ƙasa, ya rage yashin da ke cike gulbi, saboda haka shi ma aikin kare ruwa ne.

Kada kuma a ce sai an yi aro daga waje kafin a koya wa ɗan Gobir juriya. Tarihinsa cike yake da ita. Gobirawa sun baro Azbin, sun zauna Birnin Lalle, Sarki Babari ya kafa Alƙalawa a bakin Rima a ƙarni na 18, Bawa Jan Gwarzo ya ɗaukaka ta. Birnin ya faɗi a 1808. Bayan yaƙin Gawakuke na 1836 aka kafa Tsibiri, daga baya Ɗan Halima ya kafa Sabon Birni. Sau nawa aka tashi, sau nawa aka sake gini? Al'ummar nan kamar gaiwa take, wadda in tafki ya ƙafe takan shige laka ta jira har ruwa ya dawo. Yaron da aka haifa a gudun hijira a ƙauyukan Gidan Runji tun daga 2019, ko wanda ke zaune da iyayensa a gidan 'yan'uwa a cikin garin Isa, yana buƙatar ya karanta cewa kakanninsa sun ga irin wannan rana kuma ba su ƙare ba. Fatan da nake nufi ba lallashi ba ne. Labari ne na gaskiya da ke nuna wa yaro abin da wasu suka yi da hannunsu sa'ad da komai ya lalace.

Akwai ma wani abu a ƙarƙashin ƙafafunmu da kaɗan daga cikin ɗalibanmu suka taɓa ji. Masana duwatsu sun tabbatar cewa shekaru miliyoyi da suka wuce wani reshen teku ya ratso Sahara ya rufe ƙasar Sakkwato. Farar ƙasar Kalambaina da ake yin siminti da ita ragowar halittun wancan ruwa ce. An tono ƙasusuwan wata ƙatuwar dabbar teku mai kama da kada a yankin nan, kuma a 1972 masana daga Italiya suka raɗa mata suna Goronyosaurus, don tunawa da Goronyo. Sunan garin maƙwabtanmu yana cikin littattafan kimiyya na duniya. Wane yaro ne zai ji wannan bai so ya ƙara sani ba?

Hanyar isar da saƙo ba sabuwa ba ce gare mu. Nana Asma'u ta tsara waƙoƙi da Hausa da Fulatanci ta ba jagororin mata da ake kira jaji, 'yan taru suka kai su ƙauyuka, mata suka haddace. Abubakar Imam yana cikin waɗanda suka yi nasara a gasar rubutu ta 1933 da Ruwan Bagaja, wanda ya fito a 1934, kuma har yau ana karanta shi. A zamanin nan shirin Mu Karanta ya sa littattafan Hausa a hannun 'yan firamare a jihohin Sakkwato da Bauci, ya nuna cewa yaro ya fi saurin kama karatu da harshen uwarsa. Marubutan soyayya na Kano sun tabbatar cewa akwai masu saye da masu karatu, musamman mata. Abin da ya yi ƙaranci shi ne ƙaramin littafi mai shafi 20 ko 30, mai hotuna, da zai bi ɗigon ruwa daga teku zuwa gonar Gatawa, ko ya bi leda daga kasuwar Sabon Birni zuwa Kainji, ko ya ba da labarin ɗiyar masunci da ta hana a zuba guba a tafkin garinsu. Malaman addini kuwa ba su rasa madogara: aya ta 41 a Suratur Rum ta ambaci ɓarnar tudu da ta teku a wuri ɗaya, ta kuma danganta su da aikin mutane.

Don haka kirana ga malaman Hausa da na kimiyya a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da Kwalejin Ilimi ta Shehu Shagari: ku zauna tare, ɗaya ya kawo ilimin, ɗaya ya kawo harshen. Marubuta, maza da mata, ku je wurin sarakunan ruwa da tsofaffin masunta ku rubuta sunayen kifaye da dokokin su tun masu sani suna raye. Gidajen rediyo irin su Rima su ware lokacin karanta irin waɗannan littattafai, domin inda makaranta ta rufe saboda tsoro rediyo da wayar hannu suna shiga. Attajiran Gobir da ke Sakkwato da Kano da Legas, buga kwafi 1,000 na ƙaramin littafi bai fi ƙarfinku ba. Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware 8 ga Yuni a matsayin ranar tekuna, kuma a ƙasarmu lokacin shuka ne. Malam, in ranar ta zo, ka kai ɗalibanka bakin gulbi mafi kusa in hanya tana da lafiya, ka nuna musu inda ruwan ya fito da inda za shi, sannan ku kwashe ledar da ke wurin kafin ruwa ya sauko.