Abin da haruffa da lambobin tikitin jirginka suke nufi

In ka taɓa sayen tikitin jirgin sama ta waya, ka san yadda saƙon da ake turo maka yake cike da haruffa da lambobi. Da yawa ba ma duba komai sai ranar tafiya da lokaci. Amma a filin jirgi ba sunanka ake rubutawa a allo ba, lambar tafiyarka ake rubutawa. Jirage biyu na iya tashi zuwa Legas kusan lokaci guda, wanda bai san lambarsa ba sai ya tsaya a layin wani kamfani, nasa jirgin ya tafi ya bar shi.

Haruffan farko na kamfani ne

Ɗauki BA82. BA na nufin British Airways, 82 kuma tafiyar da take tashi daga Abuja zuwa Landan. Ƙungiyar kamfanonin jiragen sama ta duniya, IATA, wadda aka kafa a 1945, ita ke raba waɗannan alamomi masu gurbi biyu. Ethiopian Airlines na da ET, Saudia na da SV, Emirates na da EK, EgyptAir kuwa MS, daga sunan Misra. Da yake haruffa biyu ba za su ishi kamfanonin duniya ba, ana haɗa harafi da lamba, shi ya sa Air Peace take P4, Arik Air kuma W3. Max Air VM ce, ka ga ba kullum alamar take kama da sunan kamfanin ba.

Akwai wani tsarin na hukumar ICAO ta Majalisar Ɗinkin Duniya mai haruffa uku, wanda matuƙa da masu kula da zirga-zirgar sama suke amfani da shi. A can Air Peace APK ce, British Airways kuma BAW. In ka buɗe manhajar Flightradar24 ka ga BAW maimakon BA, kada ka ruɗe, kamfani ɗaya ne.

Lambar tafiya ba lambar jirgi ba ce

Lambar da ke bayan haruffan ba ta wuce alƙaluma huɗu, kuma hanya da jadawali take nunawa. Jirgin da ya ɗauki BA82 yau ba lallai shi zai ɗauka gobe ba. Lambar jirgin kansa tana jikinsa, kamar lambar mota: na Najeriya suna farawa da 5N, na Nijar da 5U.

Mu masu rubuta manhaja mun san ba a neman bayani a rumbun ajiya da abin da yake maimaituwa. Lambar tafiya tana iya maimaituwa kullum, don haka sai ka haɗa ta da kwanan wata kafin ka san wace tafiya ake magana. In za ka turo wa wanda zai tarbe ka, tura duka biyun. Shi kuma ya rubuta lambar a Google ko FlightAware, zai ga ko jirgin ya tashi ko an jinkirta.

Jirgi ɗaya, lamba biyu

Kamfanoni kan yi yarjejeniya wani ya sayar da kujeru a jirgin wani da tasa lambar. Misali Ethiopian, EgyptAir da Turkish Airlines duk suna cikin ƙawancen Star Alliance. Duba inda aka rubuta "operated by" a tikitinka. Sunan da ya biyo baya shi ne mai jirgin, kuma yawanci kantarsa za ka je a auna maka kaya.

Haruffa uku na filin jirgi

KAN Kano ce, ABV Abuja, LOS Legas, NIM Yamai, JED Jidda, MED Madina. Mai zuwa Umara ya duba da kyau, sauka a JED daban, sauka a MED daban.

Lambar da ba a nuna wa kowa

Akwai wata mai gurbi shida, haruffa ko haɗe da lambobi, da ake kira PNR. Ita ce shaidar kujerarka. Da ita da sunanka na ƙarshe ake shiga shafin kamfani a ga bayananka, a wasu kamfanonin har a canza kujera ko a soke tafiyar. Saboda haka ka daina ɗora hoton takardar shiga jirgi a Facebook ko WhatsApp. Ko ka rufe rubutun da yatsa, zanen nan da ake haskawa da na'ura yana ɗauke da sunanka da PNR ɗinka.

PNR kuma ita za ta cece ka daga ɗan damfara. In wani ejan ya yanko maka tikiti, shiga shafin kamfanin da kanka ka saka ta. Sannan ka nemi lambar tikiti mai alƙaluma 13, wadda ukun farkonta na kamfani ne: 071 Ethiopian, 065 Saudia, 125 British Airways. In babu wannan lambar, wataƙila kujerar aka riƙe maka kawai ba a biya ba. Ka tabbatar tun kana gida, kafin ka ɗauki jaka.