Honoré Daumier: Daga Zambon Sarki Zuwa Hoton Talaka



Maƙasudin wannan lacca shi ne a yi bayani a kan rayuwa da ayyukan wani Bafaranshe mai zane, watau Honoré Daumier, wanda ake faɗar sunansa Domiye. Masana tarihin fasaha suna lissafa shi cikin jigajigan masu zanen zahiri, waɗanda suke nuna mutane yadda suke, ba yadda suke so a gan su ba. Abin da nake so in nuna shi ne, dokar da aka kafa don a rufe masa baki ita ce ta juyar da idonsa daga fadar sarki zuwa ga rayuwar talakawa, kuma a can ne ya yi aikin da ya fi daɗewa.

An haifi Daumier a birnin Marseille a 1808. Mahaifinsa sana'arsa sa gilashi a tagogi, amma zuciyarsa tana ga rubuta waƙa, kuma wannan buri ne ya kwashe iyalin zuwa Faris a 1816. Waƙa ba ta ciyar da gida ba. Saboda haka tun yana yaro aka sa Daumier aikin ɗan aike a ofishin wani ma'aikacin kotu, mai kai sammaci da karɓo bashi. A nan ya fara ganin lauyoyi da alƙalai, ya ga yadda suke tafiya da yadda suke duban wanda ba shi da kuɗi.

Kafin mu ci gaba, ya kamata a san irin kayan aikinsa. A 1796 wani Bajamushe, Alois Senefelder, ya gano hanyar buga hoto daga kan dutse. Asirin abin shi ne ruwa da mai ba sa haɗuwa. Mai zane zai yi zanensa da alli mai maiƙo a kan shafaffen dutse mai shan ruwa, a shafe dutsen da ruwan ƙaro, a jiƙa shi, sa'an nan a bi shi da tawada. Tawadar ba ta kama ko'ina sai inda allin ya bi. In aka ɗora takarda aka danne, sai hoton ya fito, kuma ana iya maimaita haka sau ɗaruruwa. Amfanin wannan hanya shi ne, hannun mai zanen ne da kansa yake isa ga mai karatu, ba a bukatar wani ya sassaƙa masa, ga sauri, ga araha. Daumier ya bar hotuna irin waɗannan kusan 4,000.

A 1830 aka yi juyin juya hali a Faransa, Louis-Philippe ya hau gadon sarauta da alkawarin 'yancin jarida. A shekarar ce Charles Philipon ya kafa mujallar La Caricature, a 1832 kuma ya ƙara da jaridar Le Charivari, Daumier yana cikin masu yi masa zane. A ƙarshen 1831 ya fitar da hoton da ake kira Gargantua, sunan wani ƙaton mai haɗama na tsohon labarin Faransa. Ga sarki zaune da ƙaton tumbi, an jingina katako daga ƙasa har bakinsa, barori suna hawa da kwandunan kuɗin da aka karɓo daga matalauta, a ƙarƙashin kujerarsa kuwa takardun muƙamai suna zubowa, 'yan fada suna wawaso. Ba sai an faɗa wa kowa irin kujerar ba. A 1832 kotu ta yanke masa ɗaurin wata 6 da tarar faran 500, yana gab da cika shekara 24.

Kurkuku bai sa ya saduda ba. A watan Afrilu na 1834 tarzoma ta tashi a Faris, sojoji suka faɗa gida mai lamba 12 a titin Transnonain bisa zargin an yi harbi daga can, suka kashe mutum 12. Hoton da Daumier ya yi a kan wannan lamari, a ganina, shi ne mafi girman aikinsa na kan dutse. Babu soja a ciki, babu sarki, babu abin dariya ko kaɗan. Ɗaki ne kawai, gado a hargitse, wani magidanci kwance a ƙasa cikin rigar barci, a ƙarƙashinsa ga gawar ƙaramin yaro da ya danne, gefe guda ga kan wani dattijo, can cikin duhu ga wata gawar. Bai ƙara wa abin gishiri ba, shi ya sa ya yi zafi. Hukuma ta ƙwace dutsen da duk kofen da ta samu.

A watan Satumba na 1835, bayan wani yunƙuri na kashe sarki, aka kafa dokoki masu tsanani, ciki har da cewa ba a buga kowane zane sai da iznin hukuma. La Caricature ta rufe. A nan masu nazarin adabin Hausa suna da kalmomi biyu da za su taimaka mana. Abin da Daumier yake yi a da zambo ne, domin kowa ya san wanda ake nufi. Daga 1835 sai ya koma habaici: ba a kama suna, amma mai kaza a aljihu ba ya jimirin as. Ya shiga zana 'yan damfara masu sayar da hannun jarin kamfanin da babu shi, da likitoci, da masu gidajen haya, da ƙananan attajirai masu son a san da su. Daga 1845 zuwa 1848 ya yi jerin hotuna a kan ma'aikatan shari'a. A ciki za a ga lauyoyi biyu da suka gama kacaniya a gaban alƙali suna raha a bayan fage, ko lauya yana taƙama a kan matakala, gwauruwar da ya kasa karewa tana kuka a gefensa. Ma'aikatan da ke cikin wannan zaure za su fi ni sanin ko irin waɗannan fuskoki sun ƙare a duniya.

Bai saba ajiye mutum a gabansa yana kwaikwayo ba. Yakan yi yawo ne ya duba, ya koma gida ya zana daga ƙwaƙwalwa, don haka abin da yake fitowa shi ne abin da ido ya riƙe: sunkuyon kafaɗa, ɗaga haɓa, yadda hannu yake riƙe da kwando.

Da haka ya koma ga zanen fenti, wanda shi ne abin da ransa yake so. Yana zaune a wani tsibiri na kogin Seine a tsakiyar Faris, inda kullum yake ganin mata masu wankau suna hawowa daga bakin ruwa. Ɗaya daga cikinsu ya zana, da ƙunshin wanki a hammata, tana riƙe da hannun 'yarta a kan matakala. Wajen 1862 zuwa 1864 ya yi hoton taragon jirgin ƙasa na masu ƙaramin tikiti: uwa tana shayar da jariri, tsohuwa ta rungume kwando a cinya, yaro ya ɓingire da barci. Ba su neman tausayin kowa, gajiya ce kawai irin ta wanda ya saba da ita. Ɗaya daga cikin kofen wannan hoto yana gidan adana kayan fasaha na Metropolitan a New York, kuma bai ma gama shi ba.

Jama'ar zamaninsa dai mai ba da dariya suka ɗauke shi, hotunan fentinsa ba su yi kasuwa ba. A 1860 Le Charivari ta sallame shi, sai a 1863 ta mayar da shi. A 1865 ya koma ƙauyen Valmondois. A 1870 gwamnatin Napoleon na Uku ta yi masa tayin lambar girma, ya ƙi karɓa. Daga baya idonsa ya yi rauni har aiki ya gagara, abokansa masu zane irin su Corot suka tallafa masa, a 1877 kuma hukuma ta yanka masa ɗan fansho. A 1878 aka shirya babban nunin ayyukansa a Faris, a ƙarƙashin kwamitin da Victor Hugo ya shugabanta. Masu zane da masu sharhi sun yaba ƙwarai, amma kuɗin shiga bai biya abin da aka kashe ba. Ya rasu a Valmondois a watan Fabrairu na 1879, a 1880 aka mayar da gawarsa maƙabartar Père Lachaise a Faris, kusa da kabarin Corot.