"Wane Memori, Alhaji?" Kalmar Da Ta Ci Mini Bashin Wata Huɗu

Bara, saura kwana goma a ɗauki azumi, na zauna a shagona a Kwatano zan tattara bashi kafin in yi odar kayan sallah. Ni yanzu ba na yawan rubutu a littafi. Wanda ya ɗauki atamfa ko shadda bashi, sai in ɗauki hoton rasit. In kuma abokin ciniki na nesa ne, saƙon muryarsa da yake cewa ya karɓi kaya kaza zai biya ran kaza, shi ne shaidata. Da wayar ta fara kukan ta cika, sai na sayi katin memori a bakin titi, an rubuta 128 a jikinsa, jaka uku kacal. Babban ɗana ya nuna mini yadda zan riƙa kwashe hotuna da muryoyi ina mayarwa kan katin.

Ranar na buɗe, sunayen fayil suna nan reras, amma na wata huɗun ƙarshe ko ɗaya ya ƙi buɗuwa. Na garzaya wajen wani yaro mai gyaran waya, na ce masa memorina ya lalace. Ya ɗago kai ya ce, "Wane memori, Alhaji? Na aiki, ko na cikin waya, ko kati?" Na ce yo memori iri nawa ne? Ya sa katin a kwamfutarsa, bayan wani lokaci ya ce, "Baba, wannan giga takwas ne aka sa masa rigar 128."

Tambayarsa ce ta sa na zauna na bi kalmar nan. Ashe abu huɗu muke kira da suna ɗaya, kuma duk wanda bai raba su ba, ko ya sayi abin da ba ya buƙata, ko ya rasa abin da ba ya iya mayarwa.

Na farko: kantar shago

Ɗauki waya a matsayin shago. A gaba akwai kanta, inda kake baje wa mai saye kaya. A baya akwai sito, inda dilolin suke kwana. Memori na farko shi ne kantar, shi ake rubutawa RAM a jikin kwali. Duk manhajar da ka buɗe, WhatsApp ne ko Facebook ko ta banki, waya tana ɗauko ta daga sito ta baje a kan kanta don aiki ya yi sauri. Kanta ƙarama, sai ka kwashe kayan wannan kafin ka baje na wancan. Shi ya sa za ka ga kana cikin tura kuɗi, ka leƙa WhatsApp ka kwafo lambar asusu, kana dawowa manhajar banki ta koma farko. Wayar ba ta lalace ba, kantar ce ta yi kaɗan.

Wannan memori ba ya riƙe komai in wuta ta ɗauke. Ana kashe waya, an share kanta. Shi ya sa kashewa da kunnawa ke warware wayar da ta sanƙare, kuma shi ya sa hotunanka ba sa ɓacewa don ka kashe ta, domin ba a nan suke ba. Irin RAM ɗin da ke cikin wayoyi da kwamfutoci a yau ya samo asali ne daga aikin wani injiniya, Robert Dennard, a kamfanin IBM na Amurka a shekarar 1966.

A waya ba a ƙara RAM bayan an saya. Wanda ya ce ka sayi kati wayarka za ta daina nauyi, ya sayar maka da buhu ne alhali kanta kake nema.

Na biyu: sito

Memori na biyu shi ne ma'ajiyar cikin waya, inda hotuna da bidiyo da manhajoji ke zama ko an kashe ta shekara guda. In waya ta ce ta cika, wannan take nufi. In ka ga an rubuta 4/64 a kwali, huɗun kanta ce, sittin da huɗun sito.

Masu sayar da waya sukan kira shi ROM, kuma nan ma kalmar ta bar gidanta. Asalin ROM a wajen masu ilimin kwamfuta ma'ajiya ce da ake karantawa kawai, ba a rubutu a kanta, kamfani ya zuba abin da zai zuba ya rufe. Abin da ke cikin wayarka kuwa kullum kana zubawa kana gogewa. Sunansa na gaskiya filash, wanda Fujio Masuoka ya ƙirƙira a kamfanin Toshiba na Japan a shekarun 1980. Amma kasuwa ta riga ta sa masa ROM, ya bi shi. Ba sai ka yi gardama da mai shago ba, ka dai san sito yake nufi.

Don a ga nisan tafiya: a 1956 da IBM ya fitar da faifan ajiya na farko, nauyinsa ya kai tan guda, kuma abin da yake ɗauka haruffa miliyan biyar ne. Hoto ɗaya ko biyu na wayar yau sun cika shi.

Akwai sabon salo da ya kamata a sani. Za ka ga an rubuta 4+4 ko 8+8, mai talla ya ce RAM takwas ne ko sha shida. Lambar farko ce ta gaskiya. Ta biyun aro ne, wayar ta yanki wani gefe na sito tana amfani da shi kamar kanta. Yana ɗan taimakawa wajen riƙe manhajoji a buɗe, amma sito ba ya saurin kanta. In za ka kwatanta farashin waya biyu, kwatanta lambar farko da lambar farko.

Na uku: buhun da kake ɗauka

Wannan shi ne wanda yawancinmu muke nufi in mun ce memori, ɗan katin nan da bai kai farce ba. Shi ake kai wa masu turi a ce a sa wa'azi ko karatu ko fim. Har kalmar ta wuce katin ta koma kan abin da ke ciki, ka ji mutum ya ce, "Ara mini memorinka na tafsiri." Kamfanoni uku ne, SanDisk da Panasonic da Toshiba, suka haɗu suka fito da katin SD a 1999. Ƙaramin da muke sa wa a waya ya samu sunan microSD a 2005.

A jikin katin akwai rubutu da ke da amfani. SDHC yana tsayawa a giga 32. SDXC yana farawa daga sama da 32 har tera biyu. Ƙananan rediyo masu cin kati da tsofaffin wayoyi da yawa ba sa karanta abin da ya wuce 32. Saboda haka in tsoho za ka aika wa kati gida don rediyonsa, sayi na 16 ko 32. Babba ba zai yi masa amfani ba, sai ya ɗauka katin ne ba shi da kyau. Sannan ba kowace waya ke da ramin kati ba. iPhone ba ta taɓa yi ba, manyan wayoyi da dama ma yanzu sun daina.

Yadda ake jabun kati kuwa, a cikinsa akwai wani ɗan ƙwaƙwalwa da ke gaya wa waya girman katin. Shi ake sauya wa lissafi, ya ce 128 alhali takwas ne. Waya ba ta aunawa, abin da aka gaya mata take nunawa. Muddin ba ka wuce takwas ɗin ba, komai lafiya. Kana wucewa, wani katin yakan zubar da sabon abu ya bar maka suna kawai, wani kuma ya hau kan tsofaffin ya danne su. Shi ya sa cutar ba ta bayyana sai bayan watanni, lokacin da mai tallan ya daɗe da sauya titi.

Gwajin ɗaya ne: a cika katin tun ranar farko a duba. Masu gyara da yawa suna da wata manhaja ta kyauta, H2testw, da ke cika kati ta karanta ta faɗi girmansa na gaskiya. In babu, zuba manyan bidiyo har ya kusa cika, ka buɗe na farko da na tsakiya da na ƙarshe. Ku 'yan uwana masu sarin katin da yawa don kai wa ƙauyuka, ku gwada biyu ko uku a kowane kwali kafin ku biya. Mai saye ba ya sanin wanda ya yi jabun, kai ya sani, sunanka zai ɓaci. Araha ba ta ado.

Na huɗu: aljihun sim

Sim ma yana da ɗan memorinsa, yawanci lamba 250 ko kusa da haka yake ɗauka. Mu masu tsallaka iyaka wannan ya shafe mu. Ka isa Seme ko Gaya ko Aflawo, ka cire sim ɗin wannan ƙasa ka sa na waccan, sai ka ga rabin lambobin abokan cinikinka sun ɓace. Suna cikin sim ɗin da ka cire. In kuma ya faɗi a mota, kamfani zai iya dawo maka da layinka, amma lambobin da ke cikin tsohon sim sun tafi. Ka sa yaro ya duba maka inda wayar ke ajiye sabuwar lamba, a mayar da shi asusun Google.

Giga mudu ne

Uwargida ta taɓa ce mini, "Alhaji, na sayi giga biyu jiya, amma wayar har yanzu cewa take ta cika." Ba ita kaɗai ba ce. Giga ma'auni ne kamar mudu, ana auna hatsin da ke rumbu da shi, ana auna wanda ke kan hanya da shi. Gigan data shi ne abin da zai ratsa tsakanin wayarka da intanet. Gigan memori shi ne girman rumbun. Sayen data ba ya ƙara rumbu, hasali ma shi ke kawo bidiyon da ke cika shi.

Wanda ke kasuwa a Nijar ko Benin ko Togo ko Kamaru zai ga an rubuta Go da Mo maimakon GB da MB. Abu ɗaya ne, Faransanci ne kawai. In mai shago ya ce "mémoire vive", kanta yake nufi. "Stockage" sito ne, "carte mémoire" kuma kati.

Sai wata rigima da nake yawan gani tsakanin mai saye da mai sayarwa. An sayi kati na 64, an sa a kwamfuta ta nuna 59 da ɗoriya, sai a ce an yi ha'inci. Wannan ba jabu ba ne. Kamfani yana ƙirga giga da dubu-dubu, kwamfuta tana ƙirgawa da 1,024. Da wannan lissafin 32 yakan fito kusan 29.8, 64 ya fito 59.6, 128 kuma 119. A waya kuma tsarin da ke tafiyar da ita yana cin nasa rabon a sito, sau da yawa giga goma ko fiye. Giɓi irin wannan ba laifin kowa ba ne. Wanda za a ji tsoro shi ne katin da farashinsa bai yi kama da girmansa ba.

Abin da nake yi yanzu

Kati na gaskiya ma yana mutuwa, waya tana faɗawa ruwa, ɓarawo yana fizgewa a tasha. Duk abin da yake wuri ɗaya kaɗai, ka ɗauka aro ne a hannunka. Google yana ba kowane asusu giga 15 kyauta, kuma tun 2024 ajiyar WhatsApp ta masu Android cikin wannan 15 ɗin take shiga. Don haka na cire bidiyo daga cikin ajiyar, na bar saƙonni da hotuna da muryoyi, don kada bidiyon biki ya cinye wurin rasit. Lambar sirrin asusun na rubuta na ba uwargida ta adana, domin ajiyar da ba ka da makullinta ba taka ba ce.

In zan kai waya gyara, nakan cire kati da sim, in kuma tambaya ko za a yi filashin, domin filashin yakan share sito gaba ɗaya. In kuma zan aiki yaro sayen waya, ba na cewa mai memori babba. Nakan ce RAM kaza ba da aro ba, ma'ajiya kaza, a kuma duba ko tana da ramin kati.

Bashin nan kuwa, na bi mutane ɗaya bayan ɗaya ina tambaya. Alhamdu lillahi, yawancinsu masu tsoron Allah ne, wasu ma su suka turo mini hoton rasit daga nasu wayoyin. Mutum biyu suka ce ba su tuna ba, ni kuma ba ni da abin nunawa, na bar su da Allah. Abin da ya tafi a wajensu ya isa ya sayi katin gaskiya fiye da ashirin. Na koma na sayi littafi mai bango mai ƙarfi, yana cikin durowa, duk bashin da ya shiga waya sai ya shiga cikinsa kafin in rufe shago.