A Yi Lissafin Kuɗin Mota Tun Daga Gida

Ka ba ni fili in ja hankalin 'yan'uwana masu zuwa saro kaya Kano. Tun da aka cire tallafin mai a 2023 kuɗin mota bai tsaya wuri ɗaya ba, kada ku dogara da abin da maƙwabci ya biya watan jiya.

Kuma ba kuɗin kujera kaɗai ba ne. Wanda ya taso daga Zariya zai sauka Unguwa Uku, sai ya hau a-daidaita-sahu zuwa Kantin Kwari. A dawowa ga ɗan dako, ga kuɗin dila da 'yan kamasho ke yankewa son ransu. Ku gama ciniki kafin a ɗora kaya. Kuɗin komawa gida kuwa, ku ware shi aljihu daban, balle jajiberin Salla.