Dokar Shekara 21: Abin da Ya Kamata Iyalanmu Su Sani Kan Sayen Taba a Amurka



Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wani abu da ya sami ɗan ƙanwata, wanda ya zo daga gida ya sami aikin tsaron kanti a unguwar Bronx da ke birnin Niyok. Wata rana da yamma wani saurayi dogo mai gemu ya shigo ya nemi kwalin sigari, shi kuwa ya miƙa masa ba tare da ya nemi katin shaida ba. Ashe yaron bai kai shekara 21 ba, kuma jami'an bincike ne suka turo shi don gwaji. Aka ci tarar mai kanti, shi kuma ya sallami ɗan namu a makon. Da ya zo gidana sai ya ce mini, "Wallahi Kawu, da ka gan shi kai ma ka ce magidanci ne."

Ban zarge shi ba, domin na san inda muka fito. Mu da muka tashi a gida, wane ne a cikinmu ba a taɓa aikensa wajen mai tebur ya sayo kara ɗaya ko biyu na sigari ba? Ko da yake dokar taba ta Najeriya ta shekarar 2015 ta hana sayar wa wanda bai kai shekara 18 ba, ta kuma hana sayar da kara ɗai-ɗai, aiken yaro abu ne da muka saba gani. A nan kuwa lamarin ba wasa ba ne.

Ga yadda dokar take. Ranar 20 ga Disamba 2019 Shugaba Donald Trump ya sa hannu a dokar da ta ɗaga shekarun sayen taba daga 18 zuwa 21 a duk faɗin Amurka. Kafin nan wasu wurare sun riga sun yi gaba: birnin Niyok ya fara a 2014, jihar Hawai da jihar Kalifoniya kuma a 2016. Dokar ba sigari kaɗai ta shafa ba. Ta haɗa da tabar shisha, da tabar lantarki da ruwan da ake zuba mata, da garin taba na shaƙa ko na sawa a baki, da 'yan ƙullin nikotin da samari ke maƙalewa a dasashi. Babu rangwame ko ga soja, kuma iznin uba ko takarda daga gida ba sa halatta cinikin. Goro dai ba ya ciki, sai dattawa su kwantar da hankalinsu.

Abu na biyu, dokar tarayya mai sayarwa take kamawa. Hukumar kula da abinci da magunguna, wato FDA, tana tura matasa shaguna su gwada saye, haka ma jihohi da birane suna da nasu masu binciken. A wajen FDA, laifin farko yakan jawo takardar gargaɗi, daga nan sai tara mai ƙaruwa, in abin ya yi ta maimaituwa a hana kantin sayar da taba na wani lokaci. Jiha ko birni kuma na iya cin tara ko ƙwace lasin. Shi kansa yaron da ya saya, hukuncinsa ya danganta ga jihar da yake, domin wasu jihohi suna hukunta wanda aka kama da taba bai kai shekaru ba, wasu ba sa yi.

Abu na uku shi ne katin shaida. Daga 30 ga Satumba 2024, wajibi ne mai kanti ya duba kati mai hoto na duk wanda bai kai shekara 30 ba. Kafin nan 27 ne. Wani zai ce, in dai 21 ce iyaka, me ya kawo 30? A aikinmu na injiniya, in ana son gada ta ɗauki nauyin tan 20, ba a gina ta daidai tan 20, sai an ƙara mata ƙarfi saboda kuskuren lissafi. Haka nan ido yana kuskure wajen ƙiyasta shekarun mutum, shi ya sa aka bar ratar shekara tara. Da ɗan ƙanwata ya san wannan, da gemu bai ruɗe shi ba.

Sai batun shiga shago. Babban kanti ko gidan mai da ke sayar da sigari tare da burodi da madara, yaro na iya shiga, taba ce kawai ba za a ba shi ba. Amma shagon da taba ce sana'arsa, wannan ya danganta ga dokar wurin. A jihar Massachusetts akwai shagunan taba na manya zalla, waɗanda wanda bai kai 21 ba ba ya taka ƙafa a ciki. Birnin Niyok ma ya yi doka a 2017 da ta hana 'yan ƙasa da 21 shiga gidajen shan shisha. Saboda haka a riƙa karanta sanarwar da ke jikin ƙofa, kuma wanda ya ƙaura zuwa wata jiha ya binciki dokarta.

To me ya sa aka zaɓi 21? Rahoton babban likitan gwamnatin Amurka na 2012 ya nuna cewa kusan tara cikin goma na masu shan taba sun fara ne zuwa shekara 18. Kuma ɗan sakandare mai shekara 15 galibi wajen abokin makarantarsa mai 18 yake samu. In aka ɗaga iyaka zuwa 21, an fitar da mai sayowa daga makarantar. Ban da haka ƙwaƙwalwar ɗan Adam tana ci gaba da ginuwa har wajen shekara 25, kuma nikotin ya fi saurin kama ta kafin lokacin.

Shawarata ga iyaye: kada mu aiki 'ya'yanmu sayen taba, ko da baƙo ne daga gida ya nema. Mu kuma san kamannin tabar lantarki, domin wata kamar alƙalami take, ba ta da warin hayaƙi sai ƙamshin alewa. Ga masu tsaron kanti: ku nemi kati ko layi ya kai bakin ƙofa, ko ɗan maƙwabcinku ne da kuke sallah a sahu ɗaya, jin kunyar minti ɗaya ya fi rasa abinci. Ga samarinmu kuma: ku nisanci katin jabu ko aron na yayanku, domin wannan laifi ne mai zaman kansa, kuma wanda ke neman takardun zama bai kamata sunansa ya shiga littafin 'yan sanda a kan kwalin sigari ba.

Ɗan ƙanwata ya sami wani aikin bayan wata biyu, yanzu ko mai furfura ne sai ya ce a nuna masa kati. Allah Ya shirya mana zuri'a, Ya ba mu zaman lafiya a ƙasar mutane. Wassalam.