David Greig: Marubucin Sukotlan Da Ya Taso A Jos

Tambaya ɗaya ce ke ratsa wasannin kwaikwayon David Greig: ina ne gidan mutum? An haife shi a Edinbora a 1969, amma a Jos ya yi ƙuruciyarsa. A wasansa Europe na 1994, 'yan gudun hijira sun maƙale a tashar da jirgin ƙasa ya daina tsayawa, matasan gari marasa aiki suka huce haushinsu a kansu. A Dunsinane na 2010 kuwa, sojojin Ingila sun shiga Sukotlan da sunan sulhu, suka ƙara rura wuta. A ganina, Jos, inda rigimar ɗan ƙasa da baƙo ta ci rayuka, ta cancanci ganin waɗannan wasanni a dandamali, cikin Hausa.